Wai wanene wannan Bajamushen Hermann Prey, kuma muryarshi ce ko hawa waƙar wani yayi?

Abba Edita, Ƙofar Ƙaura:

Salam jama'a barkanmu da warhaka. Dan Allah tambaya gareni ga waɗanda suka san waƙe-waƙen Turawa na da, ba na yaran yanzu ba, wannan da ake ce ma opera, wanda wasan kwaikwayo ne amma komai da waƙa ake faɗinshi, ko ƙofa mutum zai ce a buɗe mashi sai ya rera. Ni sana'ata editin ce, bidiyon biki da na waƙoƙin yaran nan masu tasowa, to ina cikin neman yadda ake daidaita baki da murya a YouTube sai ya jefo mani wani tsohon fim mai kala, wani mutum kakkaura mai fara'a yana waƙa da gudu kamar harshenshi zai tsinke yana ta kiran Figaro Figaro, a ƙasa an rubuta Hermann Prey da 1972. Wallahi ban ji ko kalma ɗaya ba amma na kasa wucewa, mutumin idonshi da girarshi da kafaɗarshi duk magana suke.

Abinda nike son sani, shi wanene? An ce Bajamushe ne amma kuma an ce waƙar da Italiyanci ce, ya akai haka? Sannan babbar tambayata, wannan muryar tashi ce da gaske ko kuwa irin namu ne na finafinan Hausa da mawaƙi zai shiga situdiyo ya rera jarumi yazo ya hau? Don na rage gudun bidiyon na duba bakin, wani wurin ya zauna daram wani wurin kuma kamar ya ɗan goce kaɗan. Wanda ya sani ya taimaka mani.

Malam Na Daura:

Wa alaikumus salam Abba. Ka taɓo mani inda ke mani ƙaiƙayi, bari in gyara zama.

Muryar tashi ce, babu wanda ya rera mashi. Amma idonka bai yi maka ƙarya ba, ba a lokacin da ake ɗaukar hoton yake rerawa ba. Irin waɗannan finafinan sai an fara shiga situdiyo da mawaƙa da makaɗa gaba ɗaya an naɗe sautin tas, sannan a zo a gina gari na katako a cikin ɗakin shutin, a saki faifan su bi da baki. Kenan ya hau waƙa amma waƙar kanshi ya hau. Wani kamfani na Munich mai suna Unitel shi ya riƙa yin wannan aikin tun daga 1966, kuma da fim na silima suke ɗauka mai milimita 35, shi yasa kaga har yau kalar bata mutu ba. Daraktan wanda ka gani Bafaranshe ne, Jean-Pierre Ponnelle, makaɗan kuma na gidan opera na La Scala ne dake Milan, Claudio Abbado ke jan su.

Shi Prey an haifeshi a Berlin ranar 11 ga Yuli 1929, kenan ƙuruciyarshi duk a zamanin Hitila yayi ta, yaƙin duniya na biyu ya ƙare yana ɗan shekara goma sha biyar garinsu ya zama kufai. A cikin wannan kangon ya shiga makarantar koyon kiɗa da waƙa ta Berlin. Abinda ya fiddo shi gasa ce da gidan rediyo na Frankfurt ya shirya a 1952, ya cinye, a shekarar ya fara hawa dandamali a garin Wiesbaden, shekara na zagayowa gidan opera na Hamburg suka ɗauke shi ya zauna dasu har 1960. Kuma su tsarinsu sai ka zauna gida ɗaya kana yin duk abinda aka baka, yau kai ne bawa gobe soja jibi mai gadi, a haka mutum ke gogewa. Daga nan ƙofofi suka buɗe, bikin Salzburg na ƙasar Ostiriya a 1959, babban gidan Metropolitan na New York a 1960, sai Bayreuth a 1965, wanda shi wannan wurin waƙoƙin Wagner, wani Bajamushe mai tsara kiɗa, kaɗai ake yi a cikinshi kuma ba kowane mawaƙi ake kira ba.

Batun Italiyanci kuwa, wanda ya tsara kiɗan Ba'italiye ne, Rossini, an fara nuna wasan a birnin Rum a 1816, labarin wani wanzami ne mai suna Figaro na garin Sabil a ƙasar Sifen. Mawaƙin opera dole ya iya rerawa da harsuna da yawa. Amma wani abu da zai baka sha'awa, a da Jamusawa fassara komai suke zuwa harshensu don mutanen gari su ji abinda ake cewa. Shi wannan wasan na wanzami, akwai wanda talabijin ta ɗauka a Munich a 1959 baƙi da fari, da Jamusanci, Prey yana ɗan shekara talatin, tare da babban amininshi Fritz Wunderlich, wani mai zaƙin murya da ajali ya ɗauke a 1966 bayan ya faɗo daga matakalar bene, ko shekara 36 bai cika ba. Wannan na 1959 kai tsaye aka ɗauka gaban jama'a, babu hawa waƙa. Ka nemo shi ka haɗa da na 1972 ka gani da idonka, kai da aikinka kenan.

Irin muryarshi ana ce mata bariton, wato ta tsakiya a muryoyin maza, bata kai can sama ba bata kuma nutse ƙasa ba. Kuma ka riƙe wannan, a kan dandamali basa riƙe makirfo. Mutum zai tsaya gaban makaɗa sittin ko saba'in a ɗakin da ke cin mutum dubu biyu, na kujerar ƙarshe ya ji shi, da ƙirji da numfashi kawai.

Af, kuma mu da muka tashi da rediyo mai gajeren zango mun daɗe muna jin opera bamu sani ba. Wannan ɗan sautin da Muryar Jamus ta riƙa sakawa kafin a buɗe tasha, daga cikin opera ɗaya tilo da Beethoven ya rubuta aka ciro shi.

Sagir Ƙofar Soro:

Malam Allah ya ƙara sani, mun ƙaru wlh. Amma ni fa gsky da ka ce an naɗe sautin tun farko sai naji abin ya sauka a raina. To meye bambancinsu da namu da ake ta zagi ana cewa basu iya komai ba sai motsa baki? In dai abin burgewar shine mutum ya cika ɗaki da murya ba makirfo, to a fim ɗin ai ba haka yayi ba, situdiyo ne, in ya kuskure a sake, a yanka a haɗa, Abba ma shaida ne yanzu ko ni na shiga situdiyo za'a gyara mani murya in fito kamar wani abu. Ni a ganina in Bature yayi sai a ce fasaha in namu sukayi a ce kwaikwayo, wannan ne bana so. Ba raini ba Malam, fahimta nike nema.

Ummin Sadiq:

Sagir tambayarka tana kan hanya kuma ba kai kaɗai ba, su kansu Turawan masu bin abin sun rabu biyu a kanshi, akwai waɗanda sam basa son finafinan situdiyo, sun ce fuskar mawaƙi tana fitowa sumul babu alamar wahala alhali kunnenka na jin murya mai ƙarfi, ido da kunne basu jitu ba kenan. Nima nafi son wanda aka ɗauka gaban jama'a, kaga gumi kaga jijiyar wuya ta miƙe kaji tari daga cikin masu kallo. Akwai na Prey irin wannan da aka ɗauka a Landan daren shiga sabuwar shekara ƙarshen 1983, wasan barkwanci ne na Johann Strauss, shi da Kiri Te Kanawa ƴar ƙasar Niyuzilan, yana da shekara hamsin da huɗu lokacin amma yana tsalle yana rawa yana waƙa duk a tare kuma numfashin bai yanke ba. Wanda ke shakkar ko ya iya ba tare da situdiyo ba ya kalli wannan.

Amma bambanci akwai shi Sagir. Na farko a 1972 babu wannan na'urar gyaran murya da kake magana, abinda za'a iya kawai a sake ɗauka a yanka tef a manna, in muryar babu to babu. Na biyu shi ya rera abinshi, ya san inda ya ja numfashi ya san inda ya danne ya san inda ya saki, saboda wannan rawar ta wanzami ya shekara da shekaru yana yinta a dandamali kafin kyamara ta zo. Wanda aka miƙa ma waƙar wani da safe aka ce da la'asar za'a ɗauka ba zai taɓa zama ɗaya dashi ba, kuma ba laifin jarumin bane, lokaci ne ba'a bashi ba da kuɗi. Ni bana cikin masu zagin namu, ina kallonsu kullum.

Abba tunda baka ji labarin ba bari in gutsura maka don kallon yayi maka daɗi. Wani tsohon likita ne Bartolo yake riƙon wata yarinya Rosina, ya kulle ta a gida yana so ya aure ta saboda dukiyarta. Wani saurayi ɗan sarauta ya ganta yana so, ya ɓoye sarautarshi don ya gane ko don Allah zata so shi, sai ya ɗauki Figaro wanzami ya zama ɗan aike, da yake shi wanzami babu gidan da baya shiga. Wurin da nafi so shine na aski. Saurayin ya shigo a matsayin malamin koyar da waƙa, Figaro kuma ya matsa lallai yau ne ranar askin likita, aka bashi makullai ya ɗauko tawul yaje ya fasa kwanoni da gangan, a cikin hayaniyar ya zare makullin tagar bene. Sannan ya zaunar da tsohon ya lafta mashi kumfa har ido, duk sanda ya waiga zai kalli masoyan sai ya juyo da haɓarshi. Na kunna ma Babanmu wannan wurin a waya, mutumin da ko fim ɗin Hausa baya zama kallo, ya gyara tabarau yana dariya har da tari yana cewa wannan wanzamin munafuki ne a kama shi, daga ƙarshe yace in maido mashi baya. Ba fassara ba komai. Ka kalli hannun Prey a wurin yadda yake riƙe aska, kamar wanda ya gada.

Sai dai shawara, in zaku kalla da yara a fara dubawa tukunna, musamman na biyun da nasan Malam zai kawo maganarshi, akwai shigar matan da rungume-rungume irin nasu.

Malam Na Daura:

Hajiya Ummi kin riga ni, dama can zani. Sagir ɗana babu raini a tambaya, kuma na yarda da kai rabi, duk wanda ya raina namu don kawai suna hawa waƙa bai yi adalci ba, Indiyawa ma da muka koya wurinsu haka suke yi tun fil azal. Inda zan tsaya maka shine shi Ponnelle bai ɓoye cewa an naɗe sautin ba, sai ma ya maida abin makami. A fim na biyu, na auren Figaro wanda Mozart ya tsara kiɗanshi tun 1786, aka yi fim ɗin a 1976 da makaɗan Biyana, babban birnin Ostiriya, ƙarƙashin Karl Böhm, akwai wurare da dama da zaka ji mutum na waƙa amma bakinshi a rufe, kyamara ta matso kan fuskarshi kawai. Ma'ana zancen zuci yake. A dandamali hakan ba zai yiwu ba, dole mutum ya wage baki ya faɗi sirrinshi da ƙarfi na kusa dashi yayi kamar bai ji ba. To kaga a nan fim ya bada abinda dandamali ya kasa, kuma nauyin ya koma kan fuska, wanda bai iya wasa da ido ba asirinshi ya tonu.

Labarin cigaban na farko ne duk da shi aka riga sa ma kiɗa da shekara talatin, dukkansu daga wasannin wani Bafaranshe ne Beaumarchais. Ɗan sarautar nan ya auri Rosina ya gaji da ita, Figaro ya zama baranshi, yanzu kuma maigidan ya sa ido kan Susanna yarinyar da Figaro zai aura, a ranar ɗaurin auren. Nan Prey ya canza, fara'ar na nan amma da ɗaci a ƙarƙashinta, bara ne da ya san an taka shi kuma bashi da ikon ɗaga murya sai dabara.

Wanda ya fito a maigidan kuwa Dietrich Fischer-Dieskau ne, kuma haɗa su biyun a fim ɗaya ba ƙaramin abu bane a wurin Jamusawa. Shima ɗan Berlin ne, shima bariton, ya girmi Prey da shekara huɗu, an haifeshi 1925 ya rasu 2012, yayi soja a yaƙin har Amurkawa suka riƙe shi fursuna a Italiya. Duk rayuwarsu ana auna su da juna, masu sharhi na cewa shi Fischer-Dieskau da ƙwaƙwalwa yake waƙa yana tsefe kowace kalma, Prey kuma da zuciya. Ni a raina wannan rabon an cuci Prey a cikinshi, don sauƙin da kake ji a muryarshi aiki ne ya kawo shi, ba haka nan ya faɗo ba.

Abba Edita, Ƙofar Ƙaura:

Kai jama'a na gode, Malam Allah ya saka da alheri, Anti Ummi a gaida Baba. Na samo na 1976 ɗin da fassarar Turanci a ƙasa, datata ta tafi amma ban yi da na sani ba. Malam akwai wurin da ya tsaida ni can wajen ƙarshe da dare a lambu, inda Figaro ke zaton Susanna ta ci amanarshi, sai ga Figaro biyu a allo ɗaya, Prey da Prey, ɗaya na faɗa ma ɗaya magana kamar mutum na rigima da zuciyarshi. Ni yau in zanyi wannan a kwamfuta minti kaɗan ne, amma su a lokacin ba kwamfuta, dole kyamara ta tsaya cak a ɗauka sau biyu haske bai canza ba, kuma shi ya tuna daidai inda ɗayan yake tsaye da inda zai kalla, duk a kan bugun kiɗa.

Kuma maganar Anti Ummi ta numfashi ita ce ta buɗe mani ido. Na koma kan bidiyoyin da nike haɗawa, ashe abinda ke sa nike ganin kamar baki bai zauna ba ko na daidaita shi ba leɓe bane, ƙirji ne. Mawaƙi ya ja numfashi a faifai ana ji, shi kuma wanda ya hau kafaɗarshi bata motsa ba yana murmushi abinshi. Shi Prey kafin layi ya fita zaka ga ya cika ƙirji, ko a wurin da leɓen ya ɗan goce jikin na tare da sautin. Akwai yaron da zamu ɗauki bidiyonshi ranar Asabar a wajen Gobarau, na riga na faɗa mashi ba motsa baki zai yi ba, da ƙarfi zai rera a lokeshin ko mutane zasu taru, sautin ni zan cire daga baya.

Sagir Ƙofar Soro:

To na sauko rabi nima, na kalli na Landan ɗin, mutumin ya iya ba ƙarya. Amma ina nan kan bakana cewa da za'a ba namu wata ɗaya suna atisaye da kuɗin da aka kashe ma waɗannan da an ga abin mamaki. Malam ya ƙarshenshi ya kasance, ya daɗe yana yi?

Malam Na Daura:

Ya daɗe Sagir, har ƙarshen ranshi yana kan dandamali. Kuma abin da zai baka mamaki, opera ba ita ce ta fi zama mashi a rai ba. Akwai wasu gajerun waƙoƙi na Jamusanci da mutum ɗaya ke tsayawa ya rera da mai buga fiyano ɗaya, ba kayan wasa ba kwalliya, baitukan mawallafa ne aka sa ma sauti. Gwanin tsara su shine Franz Schubert ɗan Biyana, ya mutu 1828 yana da shekara 31 amma ya bar sama da guda 600. Prey ya ɗauki wannan mutumin kamar amana, a 1976, shekarar fim ɗin nan dai, ya kafa biki na musamman dominshi a wani ƙaramin gari Hohenems a yammacin Ostiriya, burinshi a rera duk abinda Schubert ya rubuta bi da bi yadda ya rubuta su, daga na ƙuruciya har na ƙarshe. Daga baya ya kai irin wannan shirin New York.

A ɗaya gefen kuma yana fitowa a talabijin ɗin Jamus yana shirin kanshi, yana rera waƙoƙin gargajiya da na nishaɗi da tsofaffi ke so, wannan yasa talakawan da basu taɓa taka gidan opera ba suka san shi, kuma wannan ɗin dai yasa wasu manyan masu sharhi suka riƙa yi mashi kallon ya zubar da aji. Ni ban ga zubar da aji ba a mutum ya kai ma jama'arshi abinda ya iya har cikin ɗakinsu.

Abinda ya rufe bakin da yawansu shine 1981 a Bayreuth, da ya karɓi rawar Beckmesser, magatakardan gari a wasan Wagner na gasar mawaƙan Nuremberg. Al'ada ita ce a maida wannan mutumin abin dariya, tsoho mai ƙeta mai muryar gwangwani. Prey yaƙi, ya fito dashi a dattijo mai ilimi mai ji da kanshi wanda son yarinyar da ta fi ƙarfinshi ya kai shi ga jin kunya gaban gari, ya kuma rera waƙoƙinshi da daɗi yadda suke a rubuce, sai ka tsinci kanka kana tausayin wanda aka saba yi ma dariya. An ɗauki wannan a bidiyo a 1984, yana da tsawo sosai ya haura awa huɗu, Abba kar ka fara da data sai ka samu waifai. Daga 1982 yana koyarwa a makarantar kiɗa ta Hamburg, ɗanshi Florian ma ya gaje shi, shima bariton ne. Ciwon zuciya ne ya ɗauke shi ranar 22 ga Yuli 1998 a Krailling kusa da Munich, kwana goma sha ɗaya bayan ya cika shekara 69, kuma a cikin watan ma sai da ya tsaya gaban jama'a yayi waƙa.

Abba in ka gama haɗa bidiyon yaron nan ka ɗora mana a nan mu gani, da wanda kayi mashi a baya in akwai, ina so in haɗa su biyun in duba kafaɗar da kaina.